In an shafa wa katangarka jan fenti: abin yi kafin katafila ta iso, da bayan ta wuce

Ranar da aka rushe katangar gidan kawuna ina tsaye a wurin, kuma har yau in na tuna, abin da ya fi tsaya min a rai ba rugugin katafila ba ne, halin da matan gidan suka shiga ne. Katangar gabas aka ture, wadda ta rufe tsakar gida da rijiya da makewayi, kafin ka ce kwabo duk wanda ya biyo hanya yana hangen tukunya bisa murhu da shanya a igiya, inna ta ja yara ta shige ɗaki ta saki labule, awaki suka fantsama cikin unguwa samari na bin su. Kawu na tsaye da tazbaha a hannu yana ta nanata magana guda, "Wagga katanga tun muna jihar Sakkwato na gina ta, mi ta tare musu?" Kuma gaskiya ya faɗa, tun kafin a yanko Zamfara a 1996 take nan tsaye.

Amma fa ba kwatsam aka zo ba. Kusan wata guda kafin nan wasu ma'aikatan hukuma sun zo da gwangwanin jan fenti sun zana alama a jikin katangar sun wuce. Me muka yi a cikin wanga wata? Kawu ya je wurin mai unguwa, daga nan ya je gidan wani mai faɗa a ji, aka ba shi shayi aka ce "kwantar da hankalinka Alhaji, babu mai taɓa ka", ya dawo gida da murna. Babu wanda ya ɗauki hoto, babu wanda ya tambayi takarda, lauya kuwa ko a baki ba a ambace shi ba, don a wurinmu kai gwamnati ƙara kamar rashin kunya ne. Ni ba lauya ba ne, abin da zan faɗa nan a zirga-zirgar da muka sha bayan haka na koye shi, kuma wallahi duk abin da ya fi ƙarfi a hannunmu a cikin wancan watan muka zubar da shi muna zaune. Shi ya sa nake so duk wanda aka shafa wa fenti a Gusau ko Ƙaura Namoda ko Birnin Kebbi ko Argungu ya san cewa daga wannan rana agogo ya fara bugawa.

Toh ranar farko. Ka ɗauki wayarka ka yi hoton alamar, ka ja baya ka ɗauki katangar gaba ɗaya tare da titi da kwalbati da katangun maƙwabta yadda za a ga jerin layin, sannan ka yi bidiyo kana tafiya daga wannan kusurwa zuwa waccan kana faɗin ranar da baki. In masu fentin suna nan ka gaishe su da mutunci ka tambaye su daga wane ofis suke, ƙaramar hukuma ce ko hukumar tsara birane ta jiha ko ma'aikatar ayyuka ko kuwa ɗan kwangilar titi ne, don kowanne da irin ikon da doka ta ba shi, kuma wanda za ka kai ƙara sai ka san sunansa daidai. Sai ka ce a ba ka takarda. Jan fenti alama ce kawai, notis shi ne takarda mai kwanan wata da sa hannu da hatimi, wadda ta faɗi laifin katangar, da dokar da aka dogara da ita, da kwana nawa aka ba ka. In sun ba ka ka karɓa, kar ka yi fushi ka ƙi karɓa ko ka yaga, don ƙin karɓa ba ya hana a ce an sanar da kai, kai ne kawai za ka rasa hujja. In sun ce babu takarda, ka rubuta ranar da lokacin da lambar motar da suka zo da ita da sunayen maƙwabta biyu da suka gani.

Abu na gaba shi ne wanda mutane ba sa son ji, amma dole in faɗa. Ka tambayi kanka tsakani da Allah, katangar nan a cikin filinka take ko ka ci hanya? Mu dai mun san halinmu, mutum zai tashi gini ya ce ma birkila ƙara min taku biyu waje, bayan shekara ya manna shago, na kusa da shi ya ga haka shi ma ya ƙaro, a wayi gari layin da mota biyu ke wucewa ko amalanke ba ta juyawa, damina ta zo ruwa ya rasa hanya ya faɗa gidajen mutane. Wanga ba ƙaramin zalunci ba ne ga jama'a kuma addini ma bai yarda da cin hanya ba. Don haka kafin ka kashe ko sisi a kotu ka nemo safiyo mai rajista ya zo da na'urarsa ya nemo duwatsun iyaka, ya gwada su da taswirar filinka, ya rubuta maka rahoto. Akwai wuraren da ko da takarda a hannunka magana ba ta da daɗi, misali gefen babban titin tarayya irin na Gusau zuwa Sakkwato ko Funtuwa, inda aka keɓe mita 45.72 daga tsakiyar titi ta kowane ɓangare, ko ƙarƙashin manyan wayoyin lantarki, inda layin 330kV ke da faɗin mita 50 na 132kV kuma mita 30. In safiyo ya ce ka shiga, shawarata ka rubuta takarda ka nemi a ƙara maka kwanaki ka sauke katangar da hannunka, ka tsira da bulo da ƙofa da rodi, ka ja baya ka sake ginawa. Katafila ba ta bar maka bulo ko guda mai amfani.

Dalilin da ya sa wannan awo yake da muhimmanci shi ne rusau iri biyu ne, kuma hukuncinsu ba ɗaya ba. Akwai wanda hukuma ke cewa kai ne ka karya doka, ka yi gini kan hanya ko magudanar ruwa ko ba tare da izinin gini ba, a nan galibi babu diyya, amma duk da haka sai an ba ka notis an ba ka damar kare kanka, don sashe na 36 na kundin tsarin mulkin 1999 ya ba kowa haƙƙin a saurare shi. Kuma ka sani maganar tsara birane ta jihohi ce, Kotun Ƙoli ta yanke haka tun 2003 a shari'ar da Legas ta yi da gwamnatin tarayya, saboda haka in wani ya karanto maka kwana 21 daga dokar tarayya ta 1992 kar ka riƙe shi kamar aya, lauyanka ya buɗe dokar jiharka ya ga kwanakin da ta tanada. Na biyu kuma shi ne filin naka ne halak malak, gwamnati ce ke son wani yanki nasa don faɗaɗa titi ko yin kwalbati. Wannan karɓar fili ce, ko da taku uku ne, kuma tana da ƙa'idarta.

A nan zan ɗan daɗe don nan ne ake cin mutane. Dokar Amfani da Filaye ta 1978 ta damƙa ƙasar kowace jiha a hannun gwamna a matsayin amana, shi ya sa za ka ji ma'aikaci na cewa "ai ƙasa ta gwamnati ce" kamar magana ta ƙare. Ba ta ƙare ba. Ita wannan dokar a sashe na 28 ta ce ana soke haƙƙin mallakar mutum ne don amfanin jama'a, kuma sai jami'in da gwamna ya ba izini ya sa hannu, kuma sai an kai wa mai filin sanarwa, sashe na 44 ma ya jero yadda ake kai ta, ko a hannunsa ko a gidansa ko ta wasiƙa mai rajista, in an rasa gane mai wurin ne ake liƙawa a jikin ginin. Sashe na 29 ya ce a biya diyyar abin da mutum ya kashe dukiyarsa ko ƙarfinsa ya kafa a filin, kuma a inda dokar ta yi bayanin waɗannan abubuwa ta ambaci shinge da sunansa, tare da gini da rijiya da itatuwa masu daɗewa. Wato katanga ba abin banza ba ce a idon doka. Ranar da lauya ya karanta mana wannan wuri kawu shiru ya yi, can ya ce "Barista, ashe da sunanta a ciki." Bayan wannan ga kundin tsarin mulki, sashe na 43 ya ba ɗan Najeriya 'yancin mallakar fili da gida a ko'ina cikin ƙasa, na 44 ya ce ba a karɓe dukiyar mutum da ƙarfi sai bisa dokar da ta tanadi biyan diyya ba tare da ɓata lokaci ba, da ba shi damar zuwa kotu.

Sai maganar ƙaramar hukuma, wadda mutanen ƙananan garuruwa suka fi haɗuwa da ita. Sashe na 6 na dokar filaye ta 1978 ya ba ta iko kan filayen da ba na birni ba, tana ba da takardar mallaka irin ta gargajiya, tana kuma iya karɓar fili don aikin jama'a amma ita ma sai ta biya diyya, in gona ce ta ba da wata a madadinta. Abin lura shi ne wannan iko bai kai ga yankin da gwamna ya ayyana a matsayin birni ba, bai kuma kai ga filin da ke da takardar gwamna ba. Kenan in kana riƙe da C of O ɗin jiha, wato ita wannan takardar mallaka ta gwamna, shugaban ƙaramar hukuma ko kansila ba shi da hurumin soke ta, ko da baki ko da takarda.

Wani zai ce ni fa ba ni da C of O, gidan gado ne. Kar gabanka ya faɗi. Dokar 1978 ɗin ta amince da waɗanda ke riƙe da filayensu tun kafin zuwanta, a sashe na 34 da na 36, ta ɗauke su kamar an ba su haƙƙin zama. Kuma tun 1976 Kotun Ƙoli a shari'ar Idundun da Okumagba ta faɗi hanyoyi biyar na tabbatar da mallakar fili, tarihin gado kaka da kakanni, takardu, ayyukan da mai abu ke yi da abinsa kamar gini da ba da haya na tsawon lokaci, daɗewa a zaune a wurin, da mallakar filin da ke manne da shi. Guda ɗaya in ta tsaya da ƙafarta ta isa. Don haka ka tattaro duk abin da ke gare ka, takardar ciniki mai sa hannun mai unguwa da shaidu, takardar rabon gado daga kotun shari'a, takardar ba da fili, rasit na harajin ƙasa, izinin gini in akwai, tsofaffin hotunan biki ko suna da katangar ta fito a baya, har Google Earth yana da tsofaffin hotunan sama da ke nuna tun yaushe gini yake wurin. In fayil ɗinka na ofishin filaye ne, ZAGIS a Zamfara ko KEBGIS a Kebbi, ka je ka nemi kwafin da aka buga wa hatimin tabbatarwa. Ka yi hoton kowace takarda ka tura wa ɗan'uwanka, na asali kuma kada ka miƙa wa kowa, kwafi ake bayarwa.

Daga nan sai takardar koke zuwa ga shugaban hukumar da ta yi alamar. Gajera, ba zagi ba barazana, ga sunana ga gidana, ranar kaza aka yi alama, ga hujjojina, ina neman a gaya min dalili a rubuce, a nuna min taswirar unguwa da aka dogara da ita, a dakata har a saurare ni. Ka yi kwafi biyu ka kai da kanka, a buga maka hatimin karɓa da kwanan wata a kan naka. Wannan ɗan hatimin shuɗi ya fi alkawarin babban mutum goma, don shi ne za ka ajiye gaban alƙali ka ce na nemi a ji ni aka ƙi. Ban ce kar ka je wurin uban ƙasa ko sarki ko ɗan majalisarku ba, je ka, sau da yawa ma a nan ake kashe wutar, amma ka je da takardarka ta riga ta shiga ofis, kuma lauyanka na shiri.

Lauya a satin farko ake nemansa, ba ranar da aka ji katafila ta kwana a bakin layi ba. Abin da zai nema maka shi ne odar kotu ta dakatar da rusau har a gama shari'a. In abin ya matso sosai akwai ta gaggawa wadda alƙali ke iya bayarwa kafin ya ji ɗaya ɓangaren, amma ta 'yan kwanaki ce, kuma alƙalai ba sa ba wanda ya yi wata yana barci sannan ya zo yana cewa gaggawa. Za ka yi takardar rantsuwa ka jingina hotuna da takardu, kuma za ka ɗauki alkawarin biyan hasarar da odar ta jawo in daga baya aka gano ba ka da gaskiya, ka ga dalilin da ya sa na ce a fara kiran safiyo. Babban abin da ya kamata ka riƙe shi ne kotu ba ta hana abin da an riga an gama. Katanga na tsaye kana da damar ceton ta, in ta kwanta sai dai maganar kuɗi.

Wace kotu? In fili mai takardar gwamna ne, sashe na 39 na dokar filaye ya ce Babbar Kotun Jiha ce kaɗai ke da hurumi, kuma ko ba shi da ita, ƙarar da ake neman a hana hukuma rusau a ce ta karya doka can ta fi dacewa. Kotun shari'a ta unguwa tana da amfani in rikicin iyaka ne tsakaninka da maƙwabci a filin gargajiya ko maganar gado. Babbar Kotun Tarayya kuwa ba wurin shari'ar mallakar fili ba ce. Mutane sun sha yin shekaru suna shari'a a ƙarshe a ce kotun ba ta da hurumi a koma farko, don haka wannan tambaya ka yi wa lauyanka ita baki da baki. Akwai kuma hanyar kare haƙƙin ɗan'adam ƙarƙashin sashe na 46 na kundin tsarin mulki da ƙa'idojin shigar da irin wannan ƙara na 2009, ta fi sauri kuma ba ta da wa'adin shigarwa, sai dai in asalin rigimar ita ce wa ke da filin, kotu na iya cewa ba ta nan za a bi ba.

In an samu oda, aiki bai ƙare ba sai ma'aikacin kotu ya kai ta hannun hukumar an sa hannu an karɓa. Ka yi kwafi ka sa a leda ka liƙa a jikin katangar da ƙofar gida, ka kai ɗaya ofishin 'yan sanda na yankinku. Ko ma ba a kai ga ba da oda ba, muddin an kai musu sammaci sun san magana na gaban alƙali, doka ba ta yarda su yi gaban kansu ba. A 1986 Kotun Ƙoli ta yi wa gwamnatin soja ta Legas kaca-kaca saboda ta fitar da Ojukwu daga wani gida a Ikoyi da ƙarfin jami'an tsaro alhali shari'a na kotu, a zamanin soja fa kenan, kuma har gobe lauyoyi na kafa hujja da wannan hukunci. Wanda ya take odar kotu ana bin sa da fom 48 da fom 49 na raina kotu, abin da kan iya kai jami'i gidan yari.

In kuma duk da haka sun zo, don Allah don Annabi kar ka tsaya gaban katafila, kar ka bari samarin gida su ɗauki dutse ko sanda. Suna zuwa da jami'an tsaro, jifa ɗaya za ta mai da kai daga mai ƙara zuwa wanda ake tuhuma, ka kwana a bayan kanta ana neman belinka katanga kuma ta tafi. Ka fitar da mata da yara da dabbobi daga kusa, ka nuna wa shugaban tawagar takardunka cikin natsuwa, wani daga gefe yana ɗaukar bidiyo, fuskoki da lambobin motoci da rubutun da ke jikinsu. Bayan sun tafi kar a kwashe ɓaraguzai tukuna. Na san abin da ciwo, ga rashin tsaron da muke fama da shi ba mai iya kwana gida a buɗe, mu zana muka kafa da langa-langa a daren, amma daga ciki muka kafa, muka bar tushen katangar da tarkacenta yadda suke, don wani lokaci alƙali da kansa yake tasowa ya zo ya ga wurin.

Cikin kwana biyu uku ka kawo ƙwararren mai kimanta gini mai rajista ya auna tsawo da tsayi, ya lissafa bulo da siminti da yashi da rodi da ƙofa da kuɗin aiki a farashin yau, ya sa hannu da hatimi. A kotu hasara ba a faɗinta da ka, in ka ce miliyan kaza sai ka nuna yadda aka yi ta kai haka ɗaya bayan ɗaya, in ba haka ba alƙali ya ba ka abin da ya ga ya dace kawai. Wayar da aka yi hoto da ita kar a sayar kar a goge, don sashe na 84 na dokar shaida ta 2011 yana son a haɗa hoto ko bidiyon waya da takardar bayanin na'urar da ta ɗauka, kuma wanda ya ɗauka zai iya zama shaida.

Yanzu ga tarkon da ya kusa cinye mu. Akwai dokar kare ma'aikatan gwamnati wadda ta ce in za ka kai jami'i ko hukuma ƙara kan abin da suka yi a bakin aiki, cikin wata 3 za ka shigar. Kotuna sun fitar da wasu abubuwa daga ciki, kamar ƙarar neman dawo da fili ko inda jami'i ya fita daga hurumin aikinsa, amma kar ka jingina da wannan, don abu na farko da lauyan gwamnati zai ɗaga kenan. Sannan dokokin ƙananan hukumomi da na hukumomi da yawa sun ce sai ka ba su sanarwar niyyar kai ƙara kafin ka shigar, galibi wata guda. Ka lissafa da kanka, wata uku ka cire wata guda na sanarwa. Mu sai da muka shafe kusan wata biyu ana "a yi haƙuri ana duba lamarin" kafin muka shiga ofishin lauya, ina kallonsa yana ƙirga kwanaki a kalandar bango da bakin biro, ya juyo ya ce "Baba, da kun ƙara sati guda da sai dai in ba ku haƙuri." A ranar ya buga sanarwar, ni na kai ta da kaina a kan babur.

Abin da ake roƙon kotu yawanci shi ne ta bayyana cewa rusau ɗin ya saɓa doka, ta ba da diyyar katanga da ta kutse da tozartawa, ta kuma hana sake taɓa wurin. Wanda bai gamsu da hukunci ba yana da wata 3 ya ɗaukaka ƙara, in hukuncin tsakiyar shari'a ne kwana 14, kuma mu nan Kotun Ɗaukaka Ƙara ta Sakkwato ake zuwa. Sai dai in gaya maka gaskiya, cin shari'a daban karɓar kuɗi daban. Kafin a taɓa kuɗin da ke hannun jami'in gwamnati don biyan bashin hukunci doka na neman amincewar Antoni Janar, kuma wannan kan ja lokaci. Shi ya sa in hukuma ta nemi sulhu bayan ta ga takardun kotu, ban ga laifin zama ba, amma a rubuta, a faɗi adadi da ranar biya da inda sabuwar iyaka ta tsaya, a kai wa alƙali ya mai da shi hukunci. Kuma kar ka sa hannu ko ka dangwala yatsa a kan wata takardar biyan diyya sai wanda ka yarda da shi ya karanta maka, da yawa a ciki an rubuta cewa ka karɓi haƙƙinka duka ba ka da sauran magana.

Wanda ba shi da ƙarfin ɗaukar lauya kar ya ce shikenan. Rusau da wuya ya taɓa gida ɗaya, in layi guda ne ku haɗu ku yi karo-karo ku ɗauki lauya ɗaya, mutum biyu ko uku su tsaya a madadin saura, amma kowa da awon filinsa daban don kar laifin wanda ya ci hanya ya shafi wanda bai ci ba. Akwai Hukumar Ba da Tallafin Shari'a ta ƙasa, akwai Hukumar Kare Haƙƙin Ɗan'adam, akwai reshen ƙungiyar lauyoyi a Gusau da Birnin Kebbi inda ake samun masu taimakon marasa ƙarfi. Akwai kuma Hukumar Karɓar Koke-koken Jama'a da aka kafa tun 1975, kyauta take aiki, sai dai ba ta taɓa maganar da ke gaban kotu, kuma kai koke wurinta ba ya tsayar da ƙirgen wata ukun nan.

Namu dai da sulhu ya ƙare. Da safiyo ya auna sai ga shi mafi yawan katangar a kan iyakarta take daram, amma kusurwar kudu inda kawu ya ƙara ɗan garken awaki daga baya ta leƙa hanya, lauya ya ce a cire wannan daga lissafi tun kafin su su ɗaga, kawu bai so ba amma ya yarda. An biya wani abu a kan sauran, bai kai abin da aka kashe wurin sake gini ba, don babu rasit ko ɗaya kuma ba mu kawo mai kimantawa ba sai da daga baya aka kwashe rabin bulon aka cike wani rami da shi. Da za a ɗora sabuwar katanga sai da muka nemi izinin gini a rubuce, safiyo ya dawo ya kafa duwatsu huɗu a gaban mai unguwa da maƙwabta, birkila ya ja igiyarsa taki ɗaya daga cikin dutsen. Rasit ɗin siminti da na bulo da na tifar yashi duk inna ta haɗa su da takardar izinin a leda, suna ƙasan akwatinta.